Ko kotu za ta iya soke tuhumar damfara a kan cinikin fili?

Wani ɗan'uwa ya aiko mini da tambaya. Ya ce yayansa ya yanki fuloti biyu a gonar da suka gada daga mahaifinsu ya sayar, aka rubuta takarda, dillali ya karɓi la'adarsa, mai saye har ya fara zuba yashi. Sai ɗan baffansu ya taso ya ce wannan gefen rabon nasa mahaifin ne tun daga kakansu. Bai je kotu neman gonar ba, ofishin 'yan sanda ya nufa. Yanzu yayan nasa da dillalin da shaidu biyu, har da malamin da ya rubuta takardar, duk suna gaban majistare bisa zargin haɗa baki da cuta da yin takardar jabu. An ce musu kotu tana iya soke irin wannan tuhuma tun ba a fara sauraron shaidu ba, shi ne yake son ya san ko gaskiya ne.

Malam, Allah ya kawo muku mafita. Gaskiya ne kotu tana da wannan iko, kuma yadda ka ba da labarin, yayanka yana da hujjar da za a tsaya a kanta. Sai dai ƙofar ƙarama ce, kuma a Najeriya ta ƙara tsukewa daga 2015 zuwa yau. Bari mu fara da hujjar kafin mu zo kan ƙofar.

Alƙalin da aka roƙa ya soke tuhuma ba ya tambayar waye mai gaskiya. Abin da yake yi shi ne ya ɗauki takardar ƙorafin da bayanan shaidun mai gabatar da ƙara, ya ƙaddara cewa duk abin da aka rubuta a ciki ya faru, sannan ya duba ko an sami laifi a ciki. In an samu, shari'a ta ci gaba, ko da wanda ake tuhuma yana da kariya mai ƙarfi, domin kariya a wajen sauraron shaidu ake kawo ta. In kuwa an gaskata kowane layi amma ba a ga laifin da doka ta sani ba, to ba dalilin da zai sa a riƙa jan mutum zuwa kotu shekara da shekaru. Da wannan ma'auni Kotun Ƙolin Najeriya ta soke tuhumar da aka yi wa Mohammed Abacha a 2002 a shari'ar kisan Kudirat Abiola, bayan mafi rinjayen alƙalan sun ce bayanan shaidun ba su haɗa shi da laifin ba.

To mu gwada ma'aunin a kan maganarku. Sashe na 320 na Final Kod, wato kundin laifuka na Arewa, shi ne ya bayyana cuta. Wasu jihohi sun sabunta nasu kundin, kamar Kaduna a 2017, lambobin sassan sun sauya, amma ginshiƙan laifin suna nan yadda suke. Dole a sami wanda aka yaudara, dole yaudarar ta zama ita ce ta sa shi ya miƙa dukiyarsa ko ya aikata abin da ba zai aikata ba, kuma dole mai yaudarar ya kasance da mugun nufi tun lokacin da ake ƙulla cinikin. Yanzu ka tambayi kanka: me yayanka ya gaya wa ɗan baffanku har ya ruɗe shi? Nawa ɗan baffan ya zaro daga aljihunsa ya ba shi? Ko sisi. Ba ya wajen cinikin, ba a yi masa ƙarya ba, bai miƙa komai ba. In har akwai wanda za a ce an cuta a wannan ciniki, mai saye ne, domin shi aka ce wa "filin nan nawa ne", shi kuma ya ƙirga kuɗi ya bayar. Ɗan baffanku yana iya zama mai gaskiya a kan gonar, amma kukansa na mallaka ne, kuma wurin kai shi ƙarar madani, wato ƙarar neman haƙƙi tsakanin mutum da mutum wadda ba ta laifi ba.

Maganar takardar jabu ita ce ta fi ruɗa mutane, har da wasu masu gabatar da ƙara. A bakin jama'a, duk takardar da ke ɗauke da ƙarya jabu ce. A doka ba haka ba ne. Sashe na 362 ya kawo hanyoyi uku da takarda ke zama ta jabu. Ko dai mutum ya rubuta ta ko ya sa mata hannu don a zaci wani ne ya yi ko da izinin wani aka yi, alhali ya san ba haka ba ne, ko don a zaci an yi ta a wani lokaci da ba shi ba. Ko ya taɓa takardar da aka riga aka gama, ya goge ko ya ƙara ba tare da izini ba. Ko kuma ya sa wani ya dangwala hannu alhali ya san mutumin bai san abin da ke ciki ba, saboda taɓin hankali ko maye ko yaudara. Yayanka sunansa ya rubuta, hannunsa ya sa, ya ce fili nasa ne. Ko da gobe kotu ta ce ba nasa ba ne, takardar tana nan a matsayin takardar da shi ya yi da kansa. Da a ce sunan baffanku ya rubuta ya kwaikwayi sa hannunsa, ko ya kawo wani tsoho ya yi sojan gona a matsayin mai gonar, ko ya ce shi wakilin magada ne alhali ba wanda ya wakilta shi, da magana ta sha bamban.

Shari'ar da ta fi fayyace wannan bambanci a Indiya aka yi ta, kuma akwai dalilin da ya sa lauyan Arewa ke waiwayar Indiya. Final Kod ɗinmu, wanda aka zartar a 1959 ya fara aiki ranar 30 ga Satumba 1960, an gina shi a kan kundin Sudan, shi kuma na Sudan daga kundin laifuka na Indiya na 1860 aka ciro shi. Shi ya sa bayanin cuta da na takardar jabu a nan da can kusan kalma ɗaya ne, har takardar rahoton farko da ake kira FIR duk tare muke amfani da ita. Lambar 419 da ta zama sunan damfara a bakin kowa ma daga kundin laifuka na Kudu ta fito, kamar yadda Indiyawa ke kiran ɗan damfara da 420, lambar sashen cuta a tsohon kundinsu.

Shari'ar ita ce ta Mohammed Ibrahim da Jihar Bihar, wadda Kotun Ƙolin Indiya ta yanke a Satumban 2009. In ka ji labarinta sai ka rantse a unguwarku aka yi. Wani mutum a gundumar Madhubani ya sayar da wani yanki na gona a 2003 da takardun ciniki biyu masu rajista, yana cewa ta wajen mahaifiyarsa ya gaje shi. Wani danginsa ya ce gonar tasa ce, ya shigar da ƙarar laifi a kan mai sayarwa da mai saye da shaida da marubucin takarda, har da mai sayar da takardar hatimi. Ƙaramar kotu ta ƙi sallamarsu, Babbar Kotun Patna ma ta ƙi. Da aka je Kotun Ƙoli, Mai Shari'a Raveendran da Mai Shari'a Lodha suka ce akwai tazara mai nisa tsakanin wanda ya sayar da abu yana da'awar nasa ne da wanda ya sayar yana shigar burtu da sunan mai abin. Na farko bai yi takardar jabu ba, ko da ya san abin ba nasa ba ne. Suka kuma ce mai saye yana iya ƙarar cuta in an yaudare shi, amma wanda ba ya cikin cinikin ba shi da wannan ƙara. Suka soke tuhumar cuta da ta takardar jabu. Amma ka lura da abu biyu. Tuhumar duka da ta tare hanya da aka haɗa a ƙorafin ba su taɓa su ba, suka ce a ci gaba da shari'arsu. Sannan daga cinikin zuwa hukuncin shekara shida ce cur.

Hukuncin Indiya ba ya ɗaure alƙalin Najeriya. Lauya yana kawo shi ne don ya jawo hankalin kotu, tunda kalmomin dokar tushensu ɗaya. Kuma hanyar ma ba iri ɗaya ba ce. A Indiya doka ta rubuta wa manyan kotunan jihohi wannan iko a sashe na 482 na tsohuwar dokar bin kadin laifuka, wanda ya koma sashe na 528 a sabuwar dokar da ta fara aiki ranar 1 ga Yuli 2024. Tun a shari'ar Bhajan Lal, tsohon babban ministan Jihar Haryana, Kotun Ƙolinsu ta zayyana yanayi bakwai da za a iya soke ƙara a cikinsu, ciki har da inda ƙorafin bai nuna laifi ba da inda aka shigar da shi don ramuwar gayya, ta kuma ja kunne cewa a yi amfani da ikon da taka-tsantsan. Don haka in ka ga labarai a intanet cewa kotu ta soke ƙarar damfarar fili, galibi daga can suke, kada ka ɗauka haka abin yake da sauƙi a nan.

A nan gida kiɗan ya canza. Shekaru da dama manyan mutane sun mai da neman soke tuhuma wata dabara ta ɓata lokaci: a shigar da ƙorafi, a ƙi, a ɗaukaka ƙara, a nemi dakatar da shari'a, sai a yi shekara goma ba a kira shaida ko ɗaya ba. Dokar Gudanar da Shari'ar Laifuka ta 2015 ta zo ta toshe wannan. Sashe na 396 ya ce wanda ake tuhuma yana iya ƙalubalantar ingancin tuhuma, amma hukunci a kan ƙalubalen sai ranar yanke hukuncin ƙarshe. Sashe na 306 ya hana dakatar da shari'ar laifi, kuma Kotun Ƙoli ta tabbatar da shi a 2017 a shari'ar Olisa Metuh. Wannan doka ta kotunan tarayya da Abuja ce, amma jihohi sun yi nasu a kan tsarinta, Kaduna a 2017, Kano a 2019. Ina goyon bayan manufar gyaran, amma ba zan ɓoye maka ba, raina yana ɓaci in na ga maganin da aka haɗa don gwamnoni da ministoci yana ƙona talakan da rikicin gado ya kai shi gaban majistare.

Duk da haka akwai hanyoyi. Ta farko da zan ba ku shawara ita ce ofishin Antoni Janar na jiha. Sashe na 211 na Kundin Tsarin Mulki ya ba shi ikon karɓar kowace shari'ar laifi a jihar, ya ci gaba da ita ko ya janye ta kafin hukunci. Lauyanku ya rubuta takardar koke zuwa Ma'aikatar Shari'a, ya haɗa da kwafin FIR da takardar cinikin da duk abin da ke nuna yadda gonar ta zo hannunku, ya roƙi a kira fayil ɗin a duba. Lauyoyin gwamnati sun san bambancin ƙarar laifi da ta madani, kuma wannan hanya ta fi arha nesa ba kusa ba. Akwai kuma zuwa Babbar Kotu a nemi ta yi amfani da ikonta na sa ido a kan ƙananan kotuna, musamman in ya bayyana cewa majistare ba zai iya yanke hukunci ba sai ya fara tantance waye mai gonar, alhali wannan ba huruminsa ba ne. In duk waɗannan ba su yiwu ba, sai a haƙura mai gabatar da ƙara ya gama kiran shaidunsa, lauya ya miƙe ya ce ba a kafa hujjar da za ta sa wanda ake tuhuma ya kare kansa ba. A ƙarar irin taku a nan aka fi samun nasara, domin ɗan baffan naku da bakinsa zai amsa cewa ba a karɓi kuɗinsa ba kuma ba a kwaikwayi sa hannunsa ba.

Game da 'yan sanda kuwa, doka a fili take. Sashe na 8 na dokar 2015 da sashe na 32 na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 duk sun hana kama mutum a kan saɓani na madani ko saɓa yarjejeniya kawai. A 2018, a shari'ar bankin Diamond da Opara, Kotun Ƙoli ta yi kakkausar magana a kan masu jawo hukumomin tsaro cikin rikicin kuɗi da ya kamata a warware a kotun madani. In an tsare yayanka fiye da kwana ɗaya ko biyu da sashe na 35 na Kundin Tsarin Mulki ya yarda kafin a kai shi kotu, ko an matsa masa ya sa hannu cewa ya bar gonar kafin a ba shi beli, yana da damar shigar da ƙarar tauye haƙƙi ya nemi diyya. Na sha ganin irin wannan takarda da ake rubutawa a kan teburin ofishin 'yan sanda da daddare, mutum ya sa hannu don kawai ya kwana a gidansa. In an yi masa haka, ya gaya wa lauyansa da wuri. Idan shari'ar ta ƙare da nasararsa kuma aka nuna an kai shi ne da ƙeta ba tare da dalili ba, akwai ƙarar neman diyya a kan wanda ya ƙulla abin. A 1989, a shari'ar Balogun da Amubikahun, Kotun Ƙoli ta ɗora alhaki a kan wani lauya da ya ƙulla wa abokin rikicinsa na fili sharri a wajen 'yan sanda.

Yanzu ga inda nake son ka buɗe kunne sosai, domin duk abin da na faɗa ya rataya ne a kan cewa labarin yadda ka ba ni haka yake. Damfarar fili gaskiya ce, ta kuma raba mutane da yawa da gumin shekarunsu. Akwai mai sayar da fuloti ɗaya ga mutum uku. Akwai mai yin awon igiya a gonar da ya san gwamnati ta karɓa ta biya diyya. Akwai mai buga takardar shaidar mallaka ta bogi da hatimin ma'aikata. Waɗannan ba kotun da za ta ce musu rikicin madani ne don kawai akwai takardar ciniki a tsakani. Abu ɗaya yana iya zama saɓa yarjejeniya ya kuma zama laifi, in mugun nufin yana nan tun farko. Dokar yaƙi da damfara ta 2006 ta tanadi ɗaurin shekara 7 zuwa 20 ba zaɓin tara ga wanda ya karɓi dukiya da ƙarya, kuma ni ba na jin tausayin wanda ta hau kansa a kan haƙƙin marayu ko kuɗin sallamar ɗan fansho.

Don haka ka zauna da yayanka ku biyu ka yi masa tambayoyi, ya ba ka amsa tsakaninsa da Allah. An raba gadon kakanku kuwa, waye ya raba, akwai takarda ko dattawan da suka halarta? Shi kansa gadon mahaifinku an raba, ko yayan ya sayar ne kafin a fitar wa kowa da nasa? Ɗan baffan ya taɓa tayar da maganar a gaban mai unguwa ko dagaci kafin cinikin? In ya taɓa, an gaya wa mai saye? Wannan ta ƙarshe tana da nauyi, domin a Final Kod ɓoye gaskiya da mugun nufi shi ma yaudara ne. In yayanka ya san ana jayayya a kan wurin ya yi shiru ya karɓi kuɗi, ranar da mai saye ya juya ya zama mai ƙara, hujjar da na shimfiɗa maka a sama ta rushe. Sai kuma kwanan watan da ke kan takardar. Mutane suna da al'adar mai da kwanan wata baya don a nuna ciniki ya riga rikici, suna ganin ƙaramar dabara ce. Wannan kaɗai ya isa ya mai da takarda ta jabu, ya kuma jawo marubucin da shaidun ciki. Kada kowa ya taɓa takardar nan, kada a sake rubuta wata, kada a ƙara shaida.

Ka kuma sani cewa ko an soke tuhumar gobe, gonar ba ta zama taku ba. Kotun laifi ba ta raba fili. In wurin yana da takardar mallaka ta gwamna, sashe na 39 na Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ya ce Babbar Kotu ce kaɗai ke da hurumi. In gonar gargajiya ce kuma asalin rikicin rabon gado ne tsakanin Musulmi, kotun shari'ar Musulunci tana iya duba shi, kuma a can za a yi maganar hauzi, wato daɗewar abu a hannun mutum alhali mai da'awa yana gani bai yi magana ba. A mazhabar Malikiyya shekara goma ce tsakanin bare da bare, amma tsakanin dangi wa'adin ya fi haka tsawo sosai, saboda an san ɗan'uwa yakan yi kawaici. Kada ku dogara da cewa mahaifinku ya daɗe yana noma wurin kawai. Ni a ganina ku ne ya kamata ku riga shi zuwa kotun da ke da hurumi ku nemi a tabbatar da rabon. Yin haka yana nuna wa Ma'aikatar Shari'a da majistare cewa da'awarku ta gaskiya ce, kuna kuma neman a warware ta inda ya dace.

Kafin zama na gaba, yayanka ya je ya sami mai saye da kansa, tare da wani dattijo da duka biyun ke jin nauyinsa. Ya gaya masa halin da ake ciki ba ɓoye-ɓoye, ya roƙe shi ya dakata da gini, su rubuta a gaban lauya cewa in kotu ta ba ɗan baffan wurin za a mayar masa da kuɗinsa ko a ba shi wani fulotin a gefen da ba jayayya. Kuɗin cinikin kuma, in da sauransu, a ajiye su kada a taɓa. Kuma kada ɗayansu cikin su biyar ɗin ya yi fashin zuwa kotu ko sau ɗaya, domin da zarar an soke belin mutum ɗaya, lauya zai bar maganar soke tuhuma ya koma neman fito da shi.